Gadar Tay da tarihin garuruwan Sikotlan: ta ina mai karatu zai fara?

Wani ɗalibin injiniya ne ya aiko da tambaya: "Malam, na samu gurbin digiri na biyu a Dundee, zan tafi nan da 'yan watanni in Allah ya yarda. Na ji an ce a garin ne wata gada ta taɓa ruftawa da jirgin ƙasa. Ina son in karanta labarin, da na sauran haɗurra irinsa, da kuma ɗan tarihin yankin. Me zan fara nema?"

To, Allah ya sa a je a sa'a. Gadar da ka ji labarinta ita ce gadar Kogin Tay, kuma da ka isa bakin ruwan za ka ga shaidarta da idonka: kututturan ƙafafun tsohuwar gadar suna nan a jere cikin ruwa, gefen wadda jirage ke bi a yau. Kafin in ambaci littafi ko ɗaya, ga abin da shekarun karanta wannan labari suka koya mini. Kowane marubuci da ya taɓa shi yana da wanda yake zargi. Wani iska yake zargi, wani injiniya, wani maƙera, wani kamfanin jirgi. Idan ka karanta guda ɗaya ka tsaya, za ka tashi da amsar mutum ɗaya kana zaton ita ce ƙarshen magana. Don haka tsarin karatun ya fi yawan littattafan muhimmanci.

Bari in ba ka ƙashin labarin tukuna. Kafin a gina gadar, mai zuwa Dundee daga Edinburgh sai ya hau jirgin ƙasa zuwa Granton, ya shiga jirgin fito ya ƙetare Kogin Forth zuwa Burntisland, ya sake hawa jirgin ƙasa ya ratsa yankin Fife zuwa Tayport, ya sake shiga wani jirgin fito zuwa Broughty Ferry, sannan ya ƙarasa. Kamfanin North British Railway ya gaji da wannan sauka da hawa, ya ba injiniya Thomas Bouch aikin gada. An fara gini a 1871, aka buɗe ta ga fasinja ranar 1 ga Yuni, 1878. Tsawonta ya kusa mil biyu, layi ɗaya ne a kanta, kuma a lokacin babu gadar da ta kai ta tsawo a duniya. A Yunin 1879 Sarauniya Victoria ta bi ta kanta, ta kuma ba Bouch sarautar Sir. Wata shida bayan nan, daren Lahadi 28 ga Disamba, 1879, ana tsakiyar guguwa, jirgin da ya taso daga Burntisland ya hau gadar bayan ƙarfe 7 kaɗan. A tsakiyar gadar akwai gaɓoɓi 13 da aka ɗaga sama, ƙafa 88 daga ruwa, domin jiragen ruwa su wuce ta ƙasa. A nan jirgin ƙasa cikin kejin ƙarfe yake bi, ba a kansa ba. Waɗannan gaɓoɓi 13 duk suka faɗa ruwa da jirgin a cikinsu. Ko mutum ɗaya bai tsira ba.

Littafin da zan sa ka fara da shi shi ne The High Girders na John Prebble, wanda ya fito a 1956. Prebble ɗan jarida ne, ba injiniya ba, kuma ya iya jan labari. Dare ɗaya ko biyu za ka gama shi, ka tashi ka san mutanen: mai sigina Thomas Barclay da ya miƙa wa direba sandar izinin shiga layi a ɗakin sigina na kudu, da abokinsa John Watt da ya tsaya a taga yana kallon tartsatsin wuta daga ƙafafun jirgin har fitilun baya suka ɓace masa. Amfanin littafin ke nan. Illarsa kuwa, salon ƙagaggen labari ya yi masa yawa, yana shiga zuciyar mutane ya gaya maka abin da suke ji, kuma ba ya nuna maka inda ya samo kowace magana. Ka karanta shi don ka kamu da labarin, amma kada ka kafa hujja da shi a takardar makaranta.

Daga nan, kafin kowane littafi na zamani, ka nemi rahoton kwamitin binciken da gwamnati ta kafa, wanda ya fito a 1880. Yana nan kyauta a intanet, a rumbun Railways Archive. Mutane da yawa suna tsallake shi don tsohon Turanci ne, alhali duk marubutan baya daga rijiyarsa suke ɗiba. Mutum uku ne a kwamitin: Henry Rothery, kwamishinan binciken haɗurran jiragen ruwa, wanda lauya ne, Kanar William Yolland, babban sufeton layukan dogo, da William Henry Barlow, shugaban ƙungiyar injiniyoyin gine-gine ta Birtaniya. Abin da zai ba ka sha'awa shi ne ba su sa hannu a takarda ɗaya ba. Injiniyoyin biyu sun bayyana kurakuran gadar amma suka ƙi nuna yatsa, suka ce ba aikinsu ba ne su yanke wa mutum laifi. Rothery ya rubuta nasa daban, ya ce an zana gadar ba daidai ba, an gina ta ba daidai ba, an kula da ita ba daidai ba, kuma mafi yawan laifin na Bouch ne. Ka ajiye rahotannin biyu gefe da gefe ka karanta. Ka kuma riƙe a ranka cewa Barlow ɗin nan, shi da ɗansa Crawford, su aka ba zanen sabuwar gadar daga baya. Ban ce ya yi rashin gaskiya ba, amma mai karatu ya kamata ya san wa ke zaune a kujerar alƙali.

Inda naman yake shi ne bayanan shaidu, kuma a nan zan ɗan daɗe, tunda kai injiniya ne. Zanen farko na Bouch ƙafafun bulo ne tun daga ƙasan kogi har sama. Da aiki ya yi nisa sai aka gano abin da masu haƙan gwaji suka ɗauka dutse ne, ashe tsakuwa ce mai tauri da laka a ƙarƙashinta. Dole aka rage nauyi: aka koma ginshiƙan ƙarfen zubi, bututu-bututu, ana ɗora wani kan wani, ana ɗaure su da sandunan ƙarfen ƙira a gicciye. Ƙarfen zubi halinsa ɗaya da tukunyar ƙasa. Ka danne ta daga sama ta jure, ka ja kunnenta ya ɓalle a hannunka. To waɗannan sanduna kuwa a jikin wasu kunnuwa aka ɗaure su, kunnuwan da aka zuba tare da ginshiƙin. Ramukan noti ma ba huda su aka yi da inji ba, a zubi suka fito, baki ɗaya ya fi ɗaya faɗi, don haka noti ba ya zama daram, a gefe ɗaya yake cin ƙarfen. Da aka duba tarkacen bayan haɗarin, kunnuwan nan ne aka tarar a karye birjik.

Sai maganar maƙerar da 'yan kwangila suka kafa a Wormit, a bakin kogin ta kudu. Ma'aikatanta sun faɗa wa kwamiti cewa idan ginshiƙi ya fito da rami, akwai wani haɗi da suke kira ƙwan Beaumont: kakin zuma da ƙaro da garin ƙarfe da baƙin hayaƙin fitila. A narka, a cike ramin, a goge, ya yi kama da ƙarfe sak. Duk wanda ya taɓa ganin mai gyaran jikin mota yana cike lotsa kafin fenti ya gane abin da ake nufi. Wasu ginshiƙan kuma kaurin bangonsu bai zo ɗaya ba, gefe guda kauri, gefe guda siriri.

Mutumin da labarinsa ya fi tsaya mini a rai shi ne Henry Noble, wanda aka bar wa kula da gadar bayan an buɗe ta. Gwaninsa aikin bulo ne, ba ƙarfe ba. Yana zagayen duba ƙafafun gada cikin ruwa sai ya riƙa jin ƙarar kwaram-kwaram daga sandunan in jirgi ya wuce, alamar sun yi sako-sako. Maimakon ya kai wa Bouch rahoto, sai ya riƙa yanko guntayen ƙarfe yana cusawa a mahaɗan har ƙarar ta ɗauke. Ƙara ta tafi, amma sandunan ba su koma ɗamewarsu ta asali ba. Mutumin kirki ne mai son aikinsa, kuma da kyakkyawar niyya ya toshe bakin da gadar ke kuka da shi. Masu fenti ma sun ba da shaida cewa gadar tana girgiza in jirgi na kanta. Wani tsohon magajin garin Dundee mai suna William Robertson ya riƙa auna gudun jirage da agogon aljihunsa, ya ga suna wuce mil 25 a awa da sufeton gwamnati, Manjo Janar Hutchinson, ya ƙayyade, har ya kai ƙorafi wurin shugaban tasha.

Ga kuma iska. Sa'ad da Bouch ke shirin wata gada a Kogin Forth, an tuntuɓi babban masanin taurari na masarauta, George Airy, ya ce a yi lissafi da matsin iska na laba 10 a kan kowace ƙafa murabba'i. A gadar Tay Bouch bai ware wa iska wani lissafi na musamman ba. Bayan haɗarin hukuma ta sa doka a riƙa lissafi da laba 56. Tazarar da ke tsakanin 10 da 56 ita kaɗai darasi ce.

In ka gama da rahoton, sai ka shiga gardamar masana. Littafi mafi natsuwa a ganina shi ne The Fall of the Tay Bridge na David Swinfen, malamin tarihi a Jami'ar Dundee, wanda ya fara fitowa a 1994 aka sake sabunta shi a 2016. Gajere ne, yana auna kowace fassara ba tare da ɗaga murya ba, kuma in kuɗin littafi ɗaya kawai gare ka, shi za ka saya. Wanda ya fi kusa da fanninka kuwa shi ne na Peter Lewis na 2004, Beautiful Railway Bridge of the Silvery Tay. Lewis masanin binciken karyewar kayan gini ne. Ya ɗauko hotunan da aka ɗauka wa kwamitin bincike a 1880, ya ƙara girmansu da kwamfuta, ya bi kunnuwan da suka karye ɗaya bayan ɗaya. Matsayinsa shi ne gadar ta riga ta gaji tun kafin daren, girgizar jirage ta watanni ta ci mahaɗanta, guguwa ƙarasawa kawai ta yi. Akwai waɗanda ba su yarda ba: injiniyoyi Tom Martin da Iain MacLeod sun yi lissafi da kwamfuta a shekarun 1990 suka ce ƙarfin iskar daren kaɗai, da jirgi a cikin kejin yana tare ta, ya isa ya kayar da gini mai raunin wannan. Sai fassara ta uku, wadda Bouch da kansa ya kare kansa da ita, wato tarago ne ya sauka daga layi ya bugi ƙarfen gada. Wani malamin kimiyya na Dundee, Bill Dow, ya farfaɗo da ita, yana kafa hujja da wata gaɓa da iska ta taɓa jefawa ruwa a 1877 ana cikin gini, aka tsamo ta, aka miƙe ta, aka mayar. Ni dai na fi karkata ga Lewis, domin shaidar Noble da ta masu fenti suna bayansa. Amma fassarorin ba kishiyoyin juna ba ne kamar yadda masu su ke nunawa. Gada mai sako-sako ba ta buƙatar guguwar da ba a taɓa gani ba.

Charles McKean, a littafinsa Battle for the North na 2006, ya ja kyamara baya. Shi abin da ya dame shi shi ne gabar da ke tsakanin North British da abokin hamayyarsa Caledonian Railway a kan wa zai mallaki hanyar arewa, da yadda gaggawa da tsumulmular kuɗi suka sa aka nemi injiniyan da ya yi suna wajen aiki mai araha. Bayan ka karanta shi za ka rage jin haushin Bouch, wanda ya rasu a Moffat a Oktoban 1880, wata goma bayan haɗarin, an karɓe aikin Forth daga hannunsa. Littafin ya kai ka har gadar Forth ta John Fowler da Benjamin Baker da aka buɗe a 1890, wadda duk mai kallon kaurinta ya san tsoron Tay ne ya zana ta. Akwai kuma na John Thomas na 1972, The Tay Bridge Disaster, na mai son ɓangaren kamfanin jirgi. In ka ci karo da shi a shagon tsofaffin littattafai ka ɗauka.

Wani ɗan gargaɗi a kan adadin mamata, don za ka ga lambobi suna saɓawa. Jaridun farko sun yi ta ambaton ɗaruruwa. Daga baya aka ƙirga tikitin da aka karɓa a tashar St Fort, ta ƙarshe kafin gada, aka haɗa da ma'aikata da masu tikitin wata, aka tsaya a kan 75, kuma wannan lamba ce ta zauna a littattafai fiye da shekara ɗari. Gawa 46 aka samu. Da masu bincike suka bi takardun rajistar mutuwa, sunaye 59 suka tabbatar, su ne aka rubuta a duwatsun tunawa da aka kafa a gaɓoɓin kogin biyu a 2013. Shi kuwa William McGonagall, mawaƙin Dundee da Turawa ke yi wa kirari da mafi munin mawaƙi a harshensu, 90 ya ce a waƙarsa. Za a karanta maka ita a makonka na farko ana dariya, ka yi dariyar, amma kada ka ɗauki lissafi a wurinsa. Kan jirgin ma, mai lamba 224, an tsamo shi daga kogi, an gyara, ya ci gaba da aiki har 1919, ma'aikata suna kiransa mai nutso.

Game da sauran haɗurran gada, Red for Danger na L. T. C. Rolt, na 1955, shi ne ƙofar shiga. Ya tattara haɗurran jirgin ƙasa na Birtaniya yana nuna yadda kowanne ya haifi wata doka. A ciki za ka haɗu da gadar Kogin Dee a Chester ta Ingila, zanen Robert Stephenson, da ta karye a 1847, ita ma ƙarfen zubi. Lewis ya yi mata littafi guda, Disaster on the Dee. A Sikotlan kanta ka nemi rahoton Inverythan a Aberdeenshire, inda a Nuwamban 1882 wata 'yar ƙaramar gada ta ƙarfen zubi mai ɓoyayyen lahani ta karye ƙarƙashin jirgi, mutum biyar suka mutu. Sai kuma ruwa, wanda ya fi iska cin gadoji: kusa da Carrbridge a Yunin 1914 ambaliya ta tafi da gada jirgi na kanta, mutum biyar suka halaka, a Fabrairun 1989 kuma Kogin Ness ya kwashe gadar jirgi a Inverness, Allah ya kiyaye babu jirgi a kai. Waɗannan rahotannin sufetoci sun fi kowane littafi amfani a kansu, gajeru ne, kuma galibinsu suna rumbun da na ambata.

Yanzu tarihin yankin. Sikotlan tana da wata taska da ƙasashe kaɗan ke da irinta, wato Statistical Accounts of Scotland. A shekarun 1790 wani ɗan majalisa, Sir John Sinclair, ya aika wa limamin cocin kowace gunduma tambayoyi 160: mutum nawa ne a ƙasarku, me ake nomawa, nawa ne ladan lebura, wace cuta ta fi damun mutane, yaya halinsu. Gundumomi 938, amsoshin suka cika kundi 21 tsakanin 1791 da 1799. Aka maimaita daga 1834 zuwa 1845, aka yi na uku bayan Yaƙin Duniya na Biyu. Na farko da na biyu suna intanet kyauta. Kada ka ce za ka karanta su daga farko, ba a yi su don haka ba. Ka buɗe gundumar Forgan, inda Wormit take, da Ferry-Port-on-Craig, tsohon sunan Tayport, ka ji yadda limamai ke maganar fito da kogi tun babu wanda ya yi mafarkin gada. Ka dai tuna limamin coci ne ke magana, kuma sau da yawa mai gonakin yankin ne ya naɗa shi, don haka talaka ta bakin wani kake jin sa. Ka haɗa da tsofaffin taswirori na Babban Ɗakin Karatu na Ƙasar Sikotlan, waɗanda shafinsu ke ba ka damar ɗora taswirar ƙarni na 19 a kan hoton yau ka ga inda layin dogo ya bi.

Don hoton ƙasar gaba ɗaya, T. C. Smout na da littattafai biyu, A History of the Scottish People na 1969 da A Century of the Scottish People na 1986. Na biyun ya ɗauki 1830 zuwa 1950, zamanin gadarmu ke nan, kuma ruwansa da gidajen haya da albashi da giya da coci, ba sarakuna ba. Shi zai fahimtar da kai Dundee ta 1879: garin masaƙun jut, wani zare mai kama da rama da ake kawowa daga Bengal a saƙa buhu, ana laushe shi da man manyan kifayen teku da jiragen garin ke farauta, kuma mata ne mafi yawan ma'aikatan. Mary Slessor da aka koya mana labarinta a firamare a irin waɗannan masaƙu na Dundee ta yi aiki kafin ta tafi Kalaba a 1876, gadar tana rabin gini. Ƙananan littattafan ƙungiyar Abertay Historical Society, da ke bugawa a kan Dundee da kewayenta tun tsakiyar ƙarnin jiya, su ne tarihin gari na ainihi, unguwa-unguwa, sana'a-sana'a, kuma ba su da tsada.

In ka sauka ka huta, ka je sashen tarihin gari na babban ɗakin karatun Dundee da ke Wellgate ka nemi jaridun Dundee Advertiser da Courier na makon ƙarshe na 1879 da farkon 1880, ka bi yadda labarin ke sauyawa kullum. Ka leƙa gidan tarihi na McManus da tsohuwar masaƙar Verdant Works. Sannan wata Asabar ka hau bas zuwa Wormit, ka duba jadawalin janyewar ruwa kafin ka fita, domin a lokacin ne kututturan suka fi fitowa. Ka tafi da rahoton Rothery a wayarka da rigar sanyi mai kauri, iskar bakin kogin nan ba ta wasa ko da rani.